Takardun Gavarresi da Gyaɗar Umma

Ƙarya ɗaya na yi a aikin nan, layi biyu kacal, amma har yau in na tuna da ita sai in ji fuskata ta ɗau zafi.

Sunana Munira. A Ruwais aka haife ni, cikin Jidda, nan aka haifi mahaifina ma. Kakansa ne ya tako da ƙafa daga wajen Katsina don aikin hajji, bai koma ba. Ina koyar da piyano a wata makaranta mai zaman kanta. Na yi karatun kiɗa a Alƙahira, na ƙara shekara biyu a Italiya. In mutum yana so ya ga ɓacin raina, ya tambaye ni yadda aka yi 'yar Takari ta iya wannan. An sha tambayata, kuma ban taɓa ba da amsa mai daɗin ji ba.

A gidanmu akwai wani tsohon akwatin ƙarfe. Kakana Abdelkader ya yi shekara talatin yana gadin ƙofar wani attajiri a Balad, tsohon garin Jidda. Da magada suka tashi kwashe gidan, suka ce ya ɗauki abin da yake so cikin tarkace, shi kuwa ya ɗauko akwatin saboda ƙarfensa. Takardu ne cike da shi, masu kauri, duk an ja musu layuka biyar-biyar an zuba baƙaƙen ɗigo a kai. Babu wanda ya san mene ne a gidan, sai bayan da na dawo daga Italiya na zauna na karanta.

Waƙa ce ta taron mawaƙa, muryoyi huɗu, biyu na mata biyu na maza. Wani Tullio Gavarresi ya rubuta ta a 1871. Matan masunta ne a bakin teku suna jiran jiragen mazajensu, maza kuma suna amsawa daga cikin ruwa. Na bincika sunan mutumin har na gaji. Babu wanda ya san shi sai mace ɗaya, Dakta Ornella, malama a wata jami'a a arewacin Italiya, wadda ta shafe shekara ashirin tana bin sawunsa. Abin da ta mallaka game da wannan waƙa layi uku ne a wata tsohuwar jarida: an rera ta sau ɗaya a wani ƙaramin gari, mutane sun yi kuka. Ranar da na aika mata hotunan takardun ta kira ni tana magana da sauri har ban gane rabi ba. Zatonta ɗan marubucin ne ya kawo su Jidda, domin likita ne a jiragen ruwa masu jigilar alhazai.

Muka yi shawarar mu gyara waƙar a buga ta, da sunanta da nawa a bango. Sai dai akwai giɓi babba. Muryoyin nan huɗu suna nan cif, kowace da takardunta, amma kiɗan da ke raka su babu ko fallen takarda. Akwai wuraren da mawaƙa duka suke yin shiru, gaɓa ashirin, gaɓa talatin, kuma a nan dole wani abu yana kaɗawa. Aikina shi ne in sake gina abin da ya ɓata. Na yanke cewa ogan ne, irin piyanon nan mai aiki da iska, tunda garin ƙarami ne, ina za su sami taron makaɗa? Shekara biyu na yi ina rubuta wa Gavarresi ogan, ina gogewa, ina faɗa da shi a raina kamar yana ɗaki na gaba. Ba yabon kai ba, abin ya yi kyau.

Aikin gyara yana da ƙa'idarsa. Duk ɗigon da mai gyara ya ƙara da hannunsa da ƙanana ake buga shi, don mai karatu ya bambance na marubuci da na baƙo. A ƙarshen littafi kuma akwai bayani: inda aka sami takardu, halin da suke ciki, abin da ya ɓata da yadda ya ɓata. Dakta Ornella kan ce bayanin nan shi ne rantsuwarmu, domin duk wanda zai zo bayanmu a kansa zai dogara. A cikinsa na rubuta cewa takardun kiɗan rakiya sun lalace a ambaliyar da aka yi a Jidda a 2009.

Ko cokali ɗaya na ruwa bai shiga gidanmu ba. A lokacin mun koma unguwar Madain Fahd, hawa na uku.

Gaskiyar ita ce gyaɗa. Mahaifiyata, Uwani, ni ina ce mata Umma, soyayyar gyaɗa take sayarwa a ƙofar makarantar 'yan mata, makarantar da nake yi. Yara suna ce mata Hajja loz, wato Hajiya mai gyaɗa, suna ihu da sunan tun daga nesa. Ana zuba gyaɗar a takarda da aka naɗe kamar mazurari, gurɗas muke ce masa. Wata shekara Umma ta gano takardun akwatin sun fi jarida nesa ba kusa ba: ba sa yagewa, ba sa shan mai. Ina 'yar shekara tara, in na dawo daga makaranta sai in tarar ta yanka su murabba'i ta tara a faifai, in zauna in taya ta naɗewa. Da hannuna na naɗe kiɗan Gavarresi, 'yan ajinmu suka cinye gyaɗar suka yar da shi a kwata. To, wannan zan rubuta a littafin da za a ajiye a ɗakunan karatu na Turai? Na riga na ji dariyar a kunnena. Ban tambayi Umma komai ba a shekara biyun nan. In ta leƙo ta ce me nake yi da takardun Alhaji, wato kakana, sai in ce aiki ne, in juya baya.

Saura mako uku a kai littafi wurin bugu, Dakta Ornella ta ce za ta zo Jidda ta ga takardun da idonta. Na shirya in kwashe su in kai makarantarmu, a yi komai a can cikin sanyin na'ura, a gama. Kuskurena shi ne na faɗa wa Umma.

"Baƙuwa ta taso daga uwa duniya ki kai ta makaranta ki ba ta ruwan roba?" in ji ta. "Ayb alaiki, abin kunya ne. Nan za ta zo ta ci abinci. Halas, magana ta ƙare."

"Umma, ba ta jin Larabci, ba ta jin Hausa."

"Baki ba ya cin abinci sai ya iya Hausa? Ke meye amfaninki? Ki yi mana tafinta."

Ta zo ranar Asabar da azahar, 'yar tsohuwa siririya mai farin gashi, ta cire takalmi a ƙofa ba a ce mata ba. Umma ta dafa shinkafa da kifi, ta yi miyar taushe a gefe don kada a ce an manta da asali. Suka zauna suna yi wa juna murmushi suna nuna kwano, ni kuwa ina tsakiya ina tace kowace kalma kafin ta haye. Na fara tunanin zan tsira.

Bayan an kwashe kwanuka na buɗe akwati. Dakta Ornella ta wanke hannu, ta ɗauki takardun ɗaya bayan ɗaya, tana ɗaga su wajen taga, tana shinshinawa. Ta daɗe. Sannan ta cire tabarau.

"Munira, babu tabon ruwa ko ɗaya," ta ce da Italiyanci. "Ko warin danshi babu. Ta yaya ruwa ya ɗauki rabi ya bar rabi?"

Na ce ai ba wuri ɗaya aka ajiye su ba.

"To tambayi mahaifiyarki inda sauran suke a lokacin. Za mu ƙara a bayani."

Da zan iya tambayar Umma wani abu dabam, ko girkin kifi, da na yi. Amma duk su biyun ni suke kallo. Na ce, "Umma, wai tana tambayar sauran takardun."

Fuskar Umma ta washe. Ta gyara zama, ta fara tun daga farko, da Hausa da Larabci a gauraye yadda take yi in zance ya yi mata daɗi: yadda jarida ke ɓata gyaɗa da baƙin tawada, yadda ta buɗe akwatin wata rana tana neman zare, yadda takarda ɗaya ke ba da gurɗas huɗu, yadda har wata mai sayar da alawa ta roƙe ta guda goma ta hana. Ta yi kusan minti uku.

Na juya ga Dakta Ornella na ce, "Ta ce a ƙasan kabad suke."

Umma ba ta jin Italiyanci, amma kunnenta lafiya lau yake.

"Ke," ta ce. "Na yi zance kamar daga nan zuwa Bab Makka, kin gama shi da numfashi ɗaya?"

"Harshensu gajere ne, Umma."

"Wallahi? Ɗazu da take yabon kifi ba gajere ba ne."

Ta miƙa hannu ta zari takardar goge hannu daga kwali, ta naɗe ta a yatsa biyu, ta murɗe ƙasan, ta yi kamar tana zuba wani abu a ciki, ta miƙa wa baƙuwa da hannu biyu. Sannan ta nuna akwatin. Babu harshen da ya fi wannan fita. Dakta Ornella ta karɓi gurɗas ɗin, ta kalle shi, ta kalli akwatin, ta kalle ni. Na so ƙasa ta tsage in shige, hawa ukun duka.

"Istanni, dakata," in ji Umma, ta dafa gwiwa ta tashi. "Tunda wannan ba za ta faɗa ba, bari in nuna mata."

Ta shiga ɗakinta. Muka ji tana jan jaka daga ƙarƙashin gado. Ta fito da wani tsohon gwangwanin biskit da ban taɓa gani ba, ta ajiye a tsakaninmu, ta ɓamɓare murfin da gefen cokali. Cike yake da 'yan guntayen takardu, wasu kamar yatsa, wasu kamar tafin jariri, an ɗaure su dami-dami da zaren ɗinki.

"Ki faɗa mata daidai wannan karon," ta ce. "Abu mai rubutu ba a ƙunshe abinci da shi, ba a yar da shi a taka. Wa ya sani ko sunan Allah ne da harshensu? Haram. Waɗanda suke da rubutu ƙarƙashin kowane layi ban taɓa su ba, ga su nan kin gani. Sauran kuwa ɗigo ne kawai kamar kashin ƙuda, na ce wannan ba rubutu ba ne. Amma su ma akwai ɗan rubutu jefi-jefi, a sama, a gefe, wani a tsakiya. To da safe in kin tafi madrasa sai in sa almakashi in yanke duk inda harafi yake. Na ce zan ƙona su in zuba tokar a teku, yau gobe, yau gobe, har muka tashi daga Ruwais."

"Me ya sa kika ɗaure su daban-daban?" Ni ce na yi tambayar, ba baƙuwa ba.

"Ai yadda na same su. Kowane kashi a ɗinke yake da zarensa. In na gama da kashi ɗaya sai in ɗaure nasa. Ba a gauraya kayan mutane."

Na fassara. Duka na fassara, da gyaɗar, da ƙofar makaranta, da kashin ƙuda, kamar mai karanta laifinta a gaban alƙali.

Dami goma sha ɗaya ne. Dakta Ornella ta kwance na farko a kan farin mayafin da Umma ta shimfiɗa mata, ta jera guntayen da bakin farce. Na saman yana ɗauke da sunan abin kiɗa: kamanja ta ɗaya, wato gogen Turawa. Dami na biyu kamanja ta biyu. Muka ci gaba, ga sarewa, ga ƙaho biyu, ga manyan ganguna. Har muka kai dami na ƙarshe babu ogan. Gavarresi bai taɓa rubuta wa ogan ko ɗigo ɗaya a waƙar nan ba. A ƙaramin garin da na raina, makaɗa goma sha ɗaya suka zauna.

Kuma ba sunaye kaɗai ba ne. Akwai inda ya ce a sassauta, inda ya ce a yi sauri, inda ya ce wane ya yi shiru gaɓa kaza. A gefen guntaye da yawa almakashin Umma ya haɗo da ɗigo uku, huɗu, wani har rabin layi. A damin ƙaho na ɗaya muka sami wata doguwar tsiri. A wurin nan mai gaɓa talatin da mawaƙa ke shiru, inda na fi wata biyu ina cusa wa ogan ado kala-kala, ya rubuta da hannunsa: ƙaho shi kaɗai, daga bayan ɗaki, kamar daga cikin teku.

Dakta Ornella ta karanta sau biyu, ta rufe baki da hannu. Sannan ta rarrafa, tsohuwa da ita, ta kama hannun Umma ta sumbata. Umma ta fizge hannunta tana "Astagfirullah, me ya same ta?"

Shekara biyu ina hasashe, ina tona littattafan mutanen da suka mutu, alhali amsar tana ƙarƙashin gadon da ke bayan bangon ɗakina. Tambaya ɗaya ce ta raba ni da ita, kuma kunyar gyaɗa ta hana ni yin ta. Da an buga littafin nan, da duk wanda ya rera waƙar daga yau har abada da ogan ɗina zai rera ta, kuma babu mai sake neman komai, tunda na rantse ruwa ya tafi da shi.

A bakin ƙofa, tana sa takalmi, Dakta Ornella ta tambaye ni a hankali, "Kin san da wannan?"

"Gwangwanin ban sani ba. Gyaɗar na sani."

Ta gyaɗa kai. Ba ta yi faɗa ba, kuma da ta yi da na fi jin sauƙi. Ta ce za a dakatar da bugu, aikin rakiya a sake shi daga tushe, wataƙila shekara biyu kuma. Bayanin ma in sake rubuta shi, in sa cikakken sunan mahaifiyata, domin yanzu ita ce shaida mafi muhimmanci da muke da ita.

Da na dawo ciki na tarar Umma tana mayar da damin cikin gwangwani, ɗaya bayan ɗaya.

"Da me kika ce mata ya sami takardun?" Ba ta ɗago ba.

Na hau naɗe farin mayafin.

"Ya binti, tambayarki nake."

"Ruwa. Na ce ambaliya ce."

Ta ɗan tsaya da dami a hannu, sannan ta ajiye shi ta danna murfin.

"To ki bar shi a ruwan," ta ce. "Gwangwanin ki ce a cikin akwati kika same shi. Ba sai an sa mai gyaɗa a littafin mutane ba. Ni ban san aikinki nake yankawa ba, wallahi ban sani ba. Samhini."

Uwata ce take neman gafarata. Matar da ta shiga ɗakin nan ɗazu da fara'a tana ba da labarin gurɗas ɗinta, cikin awa ɗaya na koya mata jin kunyarsa. Na buɗe baki in ce a'a, kuka ya riga ni. Ita kuwa ta kwashi kofunan shayi ta shige kicin.

Washegari da hantsi na zauna na rubuta bayanin, shafi huɗu. Na sa sunanta, Uwani bint Boubacar, na sa almakashin, na sa zaren, na sa dalilin da ya hana ta yar da harafi. Na sa cewa ni ma na naɗe, kuma na taɓa rubuta wani abu dabam wanda ba gaskiya ba ne. Na same ta a falo tana tsince shinkafa, na zauna a ƙasa kusa da ƙafarta na karanta mata, ina juyawa da Hausa jimla bayan jimla. Hannunta bai daina tsince ba har na kai ƙarshe.

"Kin tabbata ba za su yi miki dariya ba?"

"Su yi."

"Tayyib. Koma baya kaɗan, wurin ƙofar makaranta. Me kika ce?"

Na nemo wurin. "Ta sayar da gyaɗa na ɗan wani lokaci a ƙofar wata makaranta."

"Ɗan wani lokaci," in ji Umma. Ta ɗago ta kalle ni. "Shekara goma sha huɗu ne, Munira. Kuma ba wata makaranta ba ce, taku ce."

Na ja layi a kan jimlar, na rubuta yadda ta faɗa.